Haan da dhiil: tambayoyi da amsoshi kan mazuban ruwa da nono na Somaliyawa

Makiyayin Somaliya ba mazaunin wuri guda ba ne, don haka duk abin da ya mallaka dole ya zama wanda raƙumi zai iya ɗauka. Tulun ƙasa fashewa yake yi a hanya, ƙarfe kuma ga nauyi ga tsada. Sai matansu suka juya ga zaren itatuwa da saiwoyi da ganyen kaba, suka saƙa mazubai masu riƙe ruwa da nono ba tare da yoyo ba. Tambayoyin da ke ƙasa su ne waɗanda mai karatu ya fi yi idan ya ga hoton waɗannan kaya ko ya ji labarinsu. Domin sauƙin karanta sunayen: a rubutun Somaliyanci, wanda aka tsayar da shi da haruffan boko a 1972, harafin "c" ainun ce ta Larabci, "x" ha ce mai kauri, "dh" kuma yana kusa da "ɗ" namu.

A wace ƙasa ake amfani da waɗannan kaya?

Duk inda Somaliyawa ke kiwo: Somaliya, Somaliland, Jibuti, yankin Somali na Habasha mai hedikwata a Jigjiga, da arewa maso gabashin Kenya, wato Garissa da Wajir da Mandera. Sunayen kayan sukan sauya daga yanki zuwa yanki, wani lokaci ma suna ɗaya ya ɗauki ma'ana biyu, amma yanayin aikinsu ɗaya ne.

Mene ne haan, mene ne dhiil, kuma me ya bambanta su?

Haan shi ne babba. Mazubi ne saƙaƙƙe, mai faɗin ciki da tsukakken wuya, kuma ana yin sa iri biyu bisa ga aikin da zai yi: na ruwa da na nono. Ba a haɗa su. Wanda aka ware wa nono, a cikinsa ake tara shi, a cikinsa kuma ake kaɗa shi a fitar da mai. Murfinsa, wanda ake kira aagaan, shi kansa mazubi ne, ana iya sha da shi ko a auna da shi. Haan ba ya tafiya tsirara. Ana zaunar da shi cikin wani keji na lanƙwasassun sanduna da aka ɗaure da fata, mai suna saab, wanda ke kare shi daga bugu, ya kuma ba da wurin ɗaura igiya idan za a ɗora wa raƙumi.

Dhiil ƙarami ne, na nono ne zalla, kuma shi ne wanda ake ɗauka a hannu ko a rataya a kafaɗa da maɗaurin fata. Akwai saƙaƙƙe, akwai sassaƙaƙƙe na itace. Murfinsa, haruub, idan aka kife shi murfi ne, idan aka juya shi ƙoƙon sha ne, kuma da sunan nan ake kiran abin tatsa. Mace za ta tatsa da shi, ta juye a dhiil, ta rufe da shi, idan baƙo ya zo ta zuba masa a ciki. Wannan dabara ta abu ɗaya ya yi aiki biyu ko uku tana ko'ina a kayan makiyayan, domin kowane ƙarin kaya ƙarin nauyi ne a bayan dabba.

Bayan waɗannan biyu akwai gaawe da toobte, waɗanda ake tatsar raƙumi da su. Akwai sibraar, jakar fata da masu kiwon raƙuma ke zuba nono a ciki, da qarbed, wato salka. Akwai ubbo, gorar ruwa, wadda ake yawan riƙe ta a matsayin butar alwala. Man shanun da aka soya kuma yana da nasa mazubin na fata, qumbe ko tebbed.

Ta yaya abin da aka saƙa da zare zai riƙe ruwa?

Wannan ita ce tambayar da ta fi kowace yawa, kuma amsarta ita ce ainihin gwanintar. Abu uku ne suke haɗuwa: irin zaren, tsananin ɗinkin, da gyaran da ake yi wa mazubin bayan an gama shi.

Zaren da ya fi suna shi ne na qabo, wani tsiro mai ƙaya na busasshiyar ƙasa. Mata kan saro shi, su babbake shi a wuta domin ƙayar ta ƙone jikinsa ya yi laushi, sannan su tsattsage zaren da ke ciki. Ana kuma amfani da saiwar wani tsiro da suke kira argeeg, da caw, wato kaba. Kowanne da halinsa, kuma macen da ta san aiki ta san wanda ya dace da nono da wanda ya dace da ruwa, ta san inda yake fitowa da lokacin da ya kamata a cire shi. Wannan sani na daji rabin sana'ar ne, kuma shi ne ɓangaren da ba ya bayyana a jikin mazubin idan an gama.

Aikin kansa ya fi kama da ɗinki fiye da saƙa. Ana farawa daga gindi da ɗan ƙaramin da'ira, a riƙa naɗa damin zare ana zagayawa, kowane zagaye ana ɗinke shi da na ƙasansa da basilla, wadda suke kira mudac. Ɗinkin yana matsewa har allura ba ta samun hanya. Ba aiki ba ne na zama guda. Mace na yin sa ne a tsakanin tatsa da girki da kiwon awaki da reno, shi ya sa haan ɗaya kan ci makonni, wani lokaci watanni.

Idan an gama, sai gyara. Ana dafa ɓawon itace, musamman na galool, wani nau'in itacen ƙaya na dangin bagaruwa, a samu jan ruwa mai suna asal. Da shi ake jeme fata, da shi kuma ake jiƙa sabon mazubi. Yana rina zaren, yana ƙarfafa shi, yana hana shi ruɓewa. Sannan a shafe cikin da kitse, a turara shi da hayaƙi. Zaren idan ya sha ruwa kumbura yake yi ya toshe sauran 'yan kafofi, kitsen da baƙin hayaƙin kuma su zama kamar shafe a ciki. Shi ya sa haan da ake aiki da shi kullum ba ya yoyo, amma wanda aka ajiye ya bushe na tsawon lokaci sai an sake jiƙa shi an gyara kafin ya koma aiki.

Me ya sa nonon Somaliyawa yake ƙanshin hayaƙi?

Saboda culay. Kafin a zuba nono, mace kan ɗauraye mazubin, ta ɗauko 'yan sandunan wani itace na musamman, ta cinna musu wuta har bakinsu ya zama garwashi, ta jefa su ciki ta rufe. Sai ta riƙa jujjuya mazubin tana girgizawa domin zafin da hayaƙin su kai ko'ina. Wani lokaci ta riƙe sandan da hannu ta goga bakin wutar a jikin mazubin ta ciki. Bayan haka ta zazzage gawayin, ta goge da tsumma ko zare mai laushi, ta bar shi ya huce. Ba sau ɗaya ake yi a ajiye ba, aikin kullum ne.

Ba kowane itace ake turare da shi ba. Meygaag yana cikin waɗanda aka fi so, haka zaitun daji a wuraren da yake fitowa, haka aduwa a wasu yankuna. Wani itacen yana ɓata ɗanɗano, wani yana sa ɗaci, kuma kowane yanki da wanda harshen mutanensa ya saba da shi.

Amfaninsa biyu ne. Na farko tsabta: zafin garwashi yana kashe ƙwayoyin cuta, hayaƙin itace kuma yana ɗauke da sinadarai masu rage saurin yaɗuwarsu. A ƙasar da ruwan wanki ya fi ƙarfin a yi wasa da shi, kuma babu firiji, wannan ita ce hanyar da nono zai daɗe bai lalace ba, idan ma zai yi tsami ya yi tsami mai daɗi. Na biyu ɗanɗano. Wanda ya tashi da nonon da aka zuba a turararren mazubi, idan aka ba shi wanda ba a turara ba sai ya ji shi salam. Ina ganin duk cikin wannan al'ada babu abin da ya kai culay nuna zurfin tunani, domin da itacen da ke gefen rugga aka magance matsalar da a wasu wurare sai da wutar lantarki.

Su wa ke yin waɗannan kaya, maza ko mata?

Saƙa ta mata ce gaba ɗaya. Haka ma ɗakin makiyaya, aqal: mace ce ke lanƙwasa sandunansa, ta saƙa tabarmin da ake rufe shi da su, ta kafa shi idan an sauka, ta kwance shi idan za a tashi, ta ɗaure shi a bayan raƙumi. Yarinya tana koyo a gefen uwarta da kakarta tun tana ƙarama, ta fara da ƙananan abubuwa kafin a bar ta ta taɓa haan. Maza su ne masu sassaƙa: akushi, cokalin itace da ake kira fandhaal, ludayin ɗiban ruwa mai suna kalax, da mazuban tatsa na itace.

Somaliyawa ba su da tukwanen ƙasa ne?

Suna da su, amma a inda ake zaune. A kudu, tsakanin kogunan Jubba da Shabeelle inda ake noma, da biranen gaɓar teku irin su Mogadishu da Marka da Baraawe, randar ƙasa mai suna aashuun ita ce ma'ajiyar ruwa, kuma tana sanyaya shi yadda randa ke yi a ko'ina. Ƙauyen Buur Heybe ya yi suna wajen ginin tukwane, kuma a can maza ne ke ginawa. Makiyayi dai yakan sayi tukunyar girki ɗaya ko biyu, sauran kayansa kuwa na zare ne da fata da itace.

Yaya ake samo ruwa da rani, kuma ina haan yake shiga?

Shekarar Somaliyawa kashi huɗu ce. Gu, babbar damina, daga Afrilu zuwa Yuni. Xagaa, rani na tsakiya. Dayr, ƙaramar damina, wajen Oktoba da Nuwamba. Sai jiilaal, babban rani, daga Disamba zuwa Maris, wanda shi ne lokacin wahala. A jiilaal ciyawa tana wuri ɗaya, rijiya tana wani wurin, kuma tsakaninsu yana iya zama tafiyar kwana da kwanaki. Raƙuma suna jure mako biyu zuwa uku ba su sha ba, amma mutane da tumaki da awaki ba za su iya ba.

A nan ne ake tura dhaan, ayarin ɗebo ruwa. Ana ɗaura wa raƙuman kaya haan babu komai a ciki, kowanne cikin kejinsa, gefe da gefe domin nauyi ya daidaita, a kama hanyar rijiya. A bakin rijiya maza ke jan ruwa da wadaan, gugar fata, da doguwar igiya mai suna dowlis. Idan rijiyar irin wadda ake sauka ciki ce, sai su jeru daga ƙasa zuwa sama suna miƙa wa juna gugar. Dabbobi suna sha a komin fata ko na itace, ana yi musu waƙoƙin shayarwa da ake kira shubaal, waɗanda ke daidaita hannun masu ja. Idan an cika mazuban an ɗaure murafu, ayari ya juyo gida.

Ruwan da ya iso rugga ba a taɓa shi sai da lissafi, kuma uwar gida ce mai lissafin. Ita ta san nawa za a sha, nawa za a dafa, nawa za a ba 'yan raguna da marasa lafiya, da kuma ranar da ya kamata ayari na gaba ya tashi. Haan mai yoyo a irin wannan lokaci ba ƙaramar asara ba ce, shi ya sa ake auna ƙwazon mace da ingancin ɗinkinta.

Wane irin nono ake zubawa a ciki?

Duka, na raƙumi da na shanu da na awaki, amma kowane mataki da sunansa. Sabon tatsa shi ne dhay. Nonon raƙumi da ya fara tsami suusac ne, idan tsamin ya yi nisa ya zama karuur. Garoor shi ne na shanu mai kauri, ciir kuma wanda aka cire wa mai.

Mai ana fitar da shi ne daga nonon shanu da na awaki. Mace za ta zuba nonon da ya kwana a cikin haan, ta ɗaure murfin, ta zauna ta riƙa kai shi tana kawo shi, tana waƙa, har man ya taru. Waƙoƙin kaɗa nono wani reshe ne na waƙoƙin aiki na mata, kuma a cikinsu sukan yi magana da mazubin kamar mai ji, su roƙe shi ya ba da mai, su kuma saka damuwarsu ta gida a tsakiya. Man da ya fito, burcad, ana soya shi ya zama subag, wanda ke daɗewa bai lalace ba, ana ci ana kuma sayarwa a gari. Nonon raƙumi ba ya ba da mai da sauƙi, domin ƙwayoyin kitsensa ƙanana ne ba sa saurin haɗuwa, don haka shan sa ake yi.

Me ya sa abin tatsar raƙumi ya bambanta?

Saboda a tsaye ake tatsar taguwa. Mai tatsa yakan tsaya da ƙafa ɗaya, ya ɗaga ɗaya gwiwar ya ɗora mazubin a kai, ya tatsa da hannu. Sai an fara sakin ɗan ya tsotsa kafin uwar ta sake nono, kuma ba ta daɗewa tana sakewa, don haka sau da yawa mutum biyu ne ke tatsa, ɗaya ta kowane gefe. Mazubin dole ya zama mara nauyi, mai faɗin baki, mai wurin kumfa. Wannan aikin maza ne. Samarin da ke bin raƙuma, geeljire, sukan yi watanni nesa da rugga, nonon nan shi ne abincinsu shi ne ruwansu. An ƙiyasta raƙuman Somaliya sun kai kimanin miliyan 7, abin da ya sa take cikin ƙasashen da suka fi kowa raƙuma a duniya.

Wace rawa waɗannan mazubai suke takawa a aure?

Babba. Amaryar makiyaya tana tarewa da ɗakinta da kayan cikinsa, kuma uwarta da 'yan uwanta mata sun daɗe suna tanadinsu. Dhiil na amarya akan yi masa ado da wuri da duwatsun ado da jan fata, a jera a cikin ɗaki inda mai shigowa zai gani. Dangin ango suna duba ɗinkin, kuma daga shi suke gane irin gidan da yarinya ta fito.

Abin da ya fi shahara shi ne xeedho, musamman a arewa da Jibuti. Asalinsa akushi ne. Dangin amarya sukan cika shi da muqmad, wato naman da aka busar aka yayyanka ƙanana aka soya cikin man shanu, su lulluɓe shi da dabinon da aka kirɓa. Sai a sa shi cikin wani saƙaƙƙen mazubi, a yi masa sutura da farin ƙyalle kamar amarya, mata su naɗe shi da igiya su ɓoye bakin ƙullin. A rana ta bakwai da biki ake buɗewa. Namiji daga dangin ango zai fito ya nemi bakin igiyar, wata mace tana tsaye a kansa da 'yar tsumagiya. Idan ya taɓa inda bai kamata ba ko ya kasa, a yanke masa hukunci a gaban taro: ya yi waƙa, ko ya amsa kacici-kacici, ko ya yi rawa. Wasa ne mai cike da dariya, amma ana girmama xeedho yadda ake girmama amaryar kanta, ba a yanka igiyar da wuƙa, ba a fizge ta da ƙarfi. Har yau ana yin wannan a birane da ƙasashen waje.

Ban da aure fa?

Nono yana tsakiyar yadda Somaliyawa ke fahimtar alheri. Addu'arsu ta fatan zaman lafiya ita ce "nabad iyo caano", wato zaman lafiya da nono, kishiyarta kuma yaƙi da fari. Idan za a naɗa basarake, ugaas ko garaad ko suldaan, akan zuba masa nono a ka a gaban jama'a. Baƙo kuma da nono ake fara tarbarsa. Suna da karin magana da ke cewa haan daga gindi ake fara ɗinka shi, kuma an sha jawo ta a muhawarar sake gina ƙasa bayan rushewar gwamnati a 1991, ana nufin sulhu daga ƙauye da dangi yake farawa kafin ya kai fadar mulki.

A wurare da yawa jarkar roba ta maye gurbin waɗannan mazubai. To me ya sa ta kore su?

Dalilan suna da yawa, kuma ba na ganin adalci ne a ɗora laifin a kan matan da suka karɓi jarka. Jarkar man girki mai lita 20, wadda ake samu bayan an cinye man, kusan kyauta ce. Ba ta buƙatar watannin ɗinki, ba ta buƙatar asal, ba ta bushewa ta tsage idan an ajiye ta, ana jefa ta a bayan mota ba ta fashe ba. Macen da ke tashi tun asuba ta kwanta bayan kowa, idan ta samu abin da ya rage mata aikin wata biyu, ai dole ta karɓa.

Sannan rayuwar da ta haifi haan ita ma ta sauya. Tun shekarun 1950 aka fara gina berkad, tafkunan siminti masu tara ruwan sama, a yankin kiwo na Hawd da ke kan iyakar Habasha da Somaliland, daga baya tankokin ruwa suka fara kai ruwa har rugga, ayarin raƙuma ya ragu. Farin 1974 zuwa 1975, wanda suke kira Dabadheer, ya sa gwamnatin Siyad Barre ta kwashe dubun-dubatar makiyaya zuwa matsugunan noma a kudu, irin su Dujuuma da Sablaale da Kurtunwaarey, wasu kuma zuwa garuruwan kamun kifi. Yaƙin basasa ya biyo baya. Yunwar 2011 ta kashe mutane kusan 260,000. Tsakanin 2020 da 2023 damina biyar a jere ta gaza, miliyoyin dabbobi suka mutu. Duk iyalin da dabbobinsu suka ƙare suka koma sansani a gefen Baidoa ko Mogadishu, sun rabu da nonon da za su zuba, sun kuma rabu da dajin da ake samun qabo. Yarinyar da ta tashi a sansani ba ta da inda za ta ga ana yi balle ta koya.

Wanne ya fi tsabta, dhiil ko jarka?

Ga nono, turararren dhiil da ake kula da shi ya fi tsohuwar jarka. Bakin jarka ƙarami ne, hannu ba ya shiga, ga lunguna a wajen mariƙi inda nono ke maƙalewa, jikin robar kuma yana kartuwa ya riƙe datti. Shi ya sa nonon da ake kawowa kasuwa daga nesa yake yawan lalacewa a hanya. Abin sha'awa shi ne matan ba su bar culay ba. A arewacin Kenya, wajen Isiolo da Garissa, inda ake tara nonon raƙumi ana aika shi unguwar Eastleigh ta Nairobi, har jarkar roba turara ta suke yi, domin masu saye suna neman ƙanshin. Ƙungiyoyin raya kiwo kuma suna ƙarfafa amfani da garewanin alminiyam masu faɗin baki, waɗanda ake iya wankewa da ruwan zafi.

Amma a yi hattara da abu ɗaya. Hayaƙi yana tsabtace mazubi ne, ba ya tsabtace nonon da ya fito daga dabba mara lafiya. Cutar burusela, wadda ke sa dabba ɓari ta kuma sa mutum zazzaɓi mai kai da kawowa, tana bin ɗanyen nono, haka ma tarin fuka na dabbobi. Da yawa daga makiyaya sun fi son nonon raƙumi ɗanye, suna ganin tafasawa na rage masa amfani. Duk da haka, ga yara ƙanana da masu ciki da duk wanda ya sayi nono a kasuwa bai san dabbar da aka tatsa ba, tafasawa ita ce kariya.

Akwai kamanni da abin da muka sani a wajen Fulani?

Akwai a wajen matsayi, babu a wajen kayan aiki. Yadda jeren ƙore yake dukiyar Bafulatana da abin alfaharinta, haka jeren dhiil da haan yake ga Basomaliya, kuma a duka wuraren biyu harkar nono da kuɗinsa a hannun mata take. Bambancin shi ne ƙwarya shuka ta ake yi a fafe, haan kuwa sai an ɗinka shi zare bayan zare.

A ina mutum zai ga waɗannan kaya a yau?

A karkara har yanzu ana aiki da su, musamman dhiil da abin tatsa, ko da jarka na gefe. A kasuwannin Hargeisa da Jigjiga da Garissa ana sayar da su, galibi don biki da ado. Gidan tarihi na ƙasa da ke Mogadishu, wanda aka wawashe lokacin yaƙi, an sake buɗe shi a 2020. A Hargeisa akwai gidan tarihi na Saryan da Cibiyar Al'adu ta Hargeisa. A birnin Minneapolis na Amurka, inda Somaliyawa ke da yawa, Osman Ali ya kafa gidan tarihin Somaliyawa wanda ya buɗe a 2013 da ɗaruruwan kayan makiyaya da ya tattaro, kuma a can dattawan mata suna koya wa matasa saƙa.

Wannan koyarwa ta fi ajiyar muhimmanci. Masaniyar kayan tarihi Sada Mire, wadda ita ma Basomaliya ce, ta yi bayanin cewa mutanenta ilimin yin abu suke adanawa fiye da abin kansa, domin makiyayi yana iya rasa kayansa gobe, amma idan sanin yana kansa zai sake yin wasu. Idan haka ne, haan ɗari a cikin gilashi ba su kai mace ɗaya da ta san inda qabo yake fitowa da yadda ake fara gindin ɗinki ba. Irin waɗannan mata yawancinsu sun manyanta, kuma abin da suka sani ba a rubuce yake ba.

Idan na samu dhiil, yaya zan gane na aiki ne ko na ado, kuma yaya zan kula da shi?

Buɗe murfin ka shinshina. Na aiki cikinsa baƙi ne, mai santsi, yana ƙanshin hayaƙi da mai, jikinsa kuma ya yi duhu saboda asal da hannu. Na ado cikinsa fari ne, ɗinkinsa sakwa-sakwa, wani lokaci da zaren roba mai launi aka yi shi, kuma idan ka ɗaga shi ga rana za ka ga haske ta kafofinsa. Irin wannan ba ya riƙe nono.

Idan na aiki ne kuma kana son amfani da shi, kada ka wanke shi da sabulu ko omo, domin suna cire kitsen da ya toshe shi, zaren kuma yana riƙe warinsu. Ruwan ɗumi ya isa, sai turare da itace mara ɗaci, a goge, a bar shi a buɗe ya sha iska a inuwa. Kada a bar shi a rana ko kusa da murhu. Idan ajiye shi za a yi, a riƙa shafa wa maɗaurin fatar ɗan man shanu lokaci-lokaci, a kuma ɗaga shi daga ƙasa saboda gara da ɓeraye.